Murafen Kwalba Bakwai

Kawuna mai gyaran agogo ne. Shekara arba'in da ɗaya yana shago ɗaya, a ƙarƙashin matakalar wani bene, da teburinsa da ɗan gilashin da yake maƙalawa a ido. Idan ya kwance agogo, yakan rarraba ƙananan ƙarafunan cikinsa a murafen kwalba bakwai, daga dama zuwa hagu.

Da na dawo daga karatu na roƙe shi ya fito a wani gajeren fim. Sau uku, wata ɗaya tsakani, zai ba ni labarin ranar da ya buɗe shagon, yana kwance agogo iri ɗaya. Ni kuma in ɗauka, in jera ukun gefe da gefe a allon kallo su tafi tare.

A na farko ya ce ranar ana ruwan sama, mahaifinsa ya rako shi. A na biyu rana ta take, shi kaɗai ya zo. A na uku maigidansa ne ya miƙa masa makulli, alhali a na farko ya ce mutumin ya riga ya rasu.

Wannan saɓanin shi ne abin da nake nema. Abin da ban sani ba shi ne babbar 'yarsa, wadda muke kira Yaya, ta daɗe tana so a rufe shagon. A ganinta ya fara rikicewa, wata rana zai ɓatar da kayan mutane. Ta ce a kunna fim ɗin a falo kowa ya gani.

"To Baba, wanne ne gaskiya?" ta tambaya da aka gama.

"Kina nan ne?" in ji Kawu. "Ko uwarki ban sani ba a lokacin."

Yaya ba ta yi dariya ba. "Kai ɗan boko, sake kunnawa. Kashe sautin, Baba uku sun yi mini yawa."

Da babu murya, hannuwan kawai suka rage. Hannu shida suna tafiya tare, kowane ƙarfe yana faɗawa cikin murfinsa a daidai lokaci ɗaya. Ni da na ɗauki fim ɗin ma ban lura ba.

Yaya ta kalla har ƙarshe. Sai ta cire agogon hannunta ta miƙa masa.

"Tun watan jiya ya tsaya."

Kawu ya kara shi a kunne, ya mayar mata.

"Ki kawo shago gobe. Ba na aiki a falo."