Yadda Len Tasker Ya Karɓo Sunansa

Yayana Len ya mutu a talabijin sau goma sha ɗaya, kuma duk a kan idona. An harbe shi, an jefa shi kogi, sau ɗaya ma matarsa ta cikin shiri ta zuba masa guba a miya. In bai mutu ba, to shi ne ɗan sandan da ke buɗe wa babban jami'i ƙofa, ko mahauci, ko mai mashaya yana goge kofi a bayan jarumi. Shekara talatin da ɗaya yana wannan aiki, babu falon da bai shiga ba a Ingila. Amma ka tare mutum ɗari a titi, ba mai iya faɗa maka sunansa. Iyakaci a ce, "Mutumin nan mai hanci."

Hancin na gado ne, ƙato, ya ɗan karkata hagu. Sunan ma na gado ne. Babanmu Leonard Tasker ya shekara arba'in yana feɗe kifi a tashar jiragen ruwa ta Grimsby, kakanmu ma Leonard Tasker ne, Len shi ne na uku. Ni ce Beryl, ƙanwarsa, wadda aka bar wa gida da masu taurin kai biyu.

Yana da shekara ashirin da biyu ya tafi Landan, ya sami ɗan gurbi a wani wasan kwaikwayo, sai aka ce ya je ya yanki katin ƙungiyar 'yan wasa. A can ne magatakarda ya buɗe littafi ya ce akwai wani Leonard Tasker a ciki. Dokar ƙungiya ce, mutum biyu ba sa aiki da suna ɗaya. Ko ya zaɓi wani kafin Juma'a, ko gurbin ya wuce shi. Len ya leƙa taga, ya hango motar masu wankin darduma an rubuta Dorran a jikinta. Nan take ya zama Clive Dorran.

Da ya dawo gida ya yi bayani, Baba ya ajiye cokali ya ce, "Namu warin kifi yake yi, ko?"

"Baba, doka ce. Wani ne ya riga ni."

"Uku muke a duniya, ɗaya yana maƙabarta. Kada ka raina mini hankali."

Daga ranar Baba bai taɓa kallon wasan Len ba. Da fuskarsa ta bayyana a talabijin, sai ya miƙe ya ce zai duba tattabarunsa. Ba su yi faɗa ba, Len yana zuwa kowace Kirsimeti, su ci abinci, su yi hirar ƙwallo. Amma abin yana cin Len. Na sha ganin ya dawo da labari mai daɗi a bakinsa, ya dubi Baba, ya haɗiye.

Shi kuwa gwani ne, ba don yayana ba ne nake faɗa. Za a ba shi kalma shida, ya kwana uku yana bin mahauta a kasuwa don ya ga yadda suke riƙe wuƙa. Wata tsohuwa ta taɓa maka masa jaka a tashar bas saboda ya kori marayu daga gidan haya a wani shiri. Ya dawo yana murna kamar an ba shi lambar yabo.

A 1992 Baba ya cika tamanin da bakwai, likita ya ce zuciyarsa ta gaji. Ni ma na gaji. Na bi diddigi har na gano ɗaya Leonard Tasker ɗin yana raye, a wani gidan tsofaffi a garin Worthing da ke bakin teku. Rabonsa da wasa shekara ashirin, amma duk shekara sai ya sabunta katinsa. Na kira Len na ce ya sa kwat ɗinsa mai kyau, ranar Laraba za mu hau jirgin ƙasa.

Muka tarar da wani siririn dattijo a kujera kusa da taga, da ɗan gyale a wuya, hancinsa ƙarami ba abin a zo a gani ba. Ya ƙare wa Len kallo.

"Na san ka. Kai ne ka faɗi a kan teburin cin abinci, fuskarka cikin miya."

"Ni ne, Mista Tasker."

"Ka yi saurin faɗuwa. Ni da na ƙirga uku tukuna. Zauna. Me ya kawo ka?"

Len ya fara kame-kame, sai na karɓe zancen. Na faɗa masa komai, har da tattabarun. Dattijon ya ce a'a.

"Yarinya, haƙorana na aro ne, ɗakin nan ba nawa ba ne. Katin nan kaɗai ya rage da ke cewa ni ɗan wasa ne. Shi kuke so in ajiye?"

Shekarata arba'in da tara a lokacin, amma na bar shi da yarinyarsa. Na buɗe baki zan faɗi abin da zan yi nadama, sai Len ya taɓa hannuna. Ya ce, "Gaskiyarka. Ni ma da ni ne, ba zan bayar ba." Ya miƙe ya ɗauki hularsa.

"Tsaya," in ji dattijon. "Wane wasa gare ka a gaba?"

Len ya ce mai gadin gada ne a wani shirin 'yan sanda, fitowa huɗu.

"Huɗu. Za ka mutu?"

"Wannan karon har ƙarshe ina nan."

Dattijon ya juya ya kalli teku ta taga. Sannan ya ce, "Shekara ashirin sunan nan yana zaune da ni a kujerar nan, yana shan shayi mai sanyi. Ɗauke shi ka kai shi aiki. Amma in ka sake faɗawa miya da gaggawa, zan zo in karɓi abina." Ya sa aka kawo masa takarda, ya rubuta wa ƙungiya cewa ya yi ritaya. Bai yarda kowa ya riƙe masa alƙalami ba. Na yi kuka, ban ɓoye ba.

Dillalin da ke nemo wa Len aiki ya kusa haukacewa. Ya ce shekara talatin ana gina Clive Dorran, yanzu za a rushe shi rana ɗaya? Len ya yi dariya ya ce, "Fita titi ka tambaya wane ne Clive Dorran. Fuskar ake saye, kuma da ita zan tafi." Haka aka yi kuwa. Ko aiki ɗaya bai rasa ba.

Ranar Lahadin da za a nuna shirin, na ja kujerata na tokare ƙofar baya, hanyar zuwa wurin tattabaru. Ban faɗa wa Baba komai ba. Da Len ya fito a talabijin, Baba ya yunƙura zai tashi, na ce, "Baba, tattabaru sun ci sun ƙoshi. Zauna." Ya harare ni, ya zauna. Ya kalli shirin har ƙarshe, fuska a murtuke. Sunayen 'yan wasa suka fara hawa a fuskar talabijin. Na bakwai, ga shi nan da farin rubutu: Leonard Tasker.

Baba ya matso da fuskarsa har sunan ya wuce. Ya gyara tabarau ya ce, "Sun rubuta daidai." Daga nan ya nemi shayi. Shi ke nan abin da ya ce. Na shiga kicin ina buga kofuna don haushi.

Ranar Talata na raka shi asibiti a duba zuciyarsa. Ɗakin jira cike yake. Wata nas ta fito da kati a hannu ta kira, "Leonard Tasker." Sai ta tsaya, ta sake duba katin, ta dubi hancin Baba.

"Kamar mai gadin gadar nan na ranar Lahadi? Mijina cewa ya yi shi kaɗai ne mutumin gaske a shirin."

Baba ya dafa sandarsa ya miƙe, ya ture hannuna da na kai masa. Ya jira sai da kowa a ɗakin ya ɗago kai.

"Ɗana ne," ya ce. "Shekara talatin da ɗaya yana wannan aiki. Sai yanzu kuka lura?"