Auta da Akwatin Gajimare

Ƙanena ne, shi ne autanmu, kuma har yau da furfura ta cinye masa gemu Auta nake ce masa. Ni na goye shi. Da maigidana ya rasu, shi ya zo ya kwashe ni da keken ɗinkina ya ajiye ni a ɗakin da ke kusa da ƙofar gidansa. Don haka abin da zan faɗa ba a bakin wani na ji ba, a gabana aka yi. An kira ƙanena mashayi, an raba shi da ajin da ya tsufa a cikinsa, kuma na san bakunan da suka yi wannan aiki.

Tun yana ƙarami ba ya barin abu a rufe. Rediyon babanmu, agogon bango, kwaɗon ƙofa, sai ya kwance ya ga abin da ke ciki. Ya sha duka bai daina ba. Da ya girma ya zama malamin kimiyya a wata makarantar sakandare mai zaman kanta, ya daɗe a can har waɗanda ya fara koyarwa suka kawo masa nasu yaran. Keke yake hawa, ya ɗaure ƙafar wando da roba. Alli a gira, alli a aljihu. Matarsa in za ta yi wanki sai ta fara zazzage rigunansa tana mita.

Ni karatuna bai yi nisa ba, amma Auta in ya samu kunne ba ruwansa da zurfin karatun mai shi. Yakan zauna a kan buhun ƙyallayena ina ɗinki.

"Yaya, wannan zaren, in kika yi ta tsinka shi, a ina zai tsaya?"

"A shara," na ce.

Ya yi dariya har da buga cinya, sannan ya ce komai da muke gani, zare da ƙarfe da naman jikinmu, in aka bi shi ana rabawa za a iske ƙwayar zarra. Ita ma ba nan aka tsaya ba, tana da 'ya'yan ciki, wasunsu ma suna da nasu. Ya ce ƙarfi huɗu ne ke aiki a tsakaninsu: wanda ke jan allurata ƙasa in ta suɓuce, da wanda ke sa mayen ƙarfe ya tsinto ta, shi ne dai na lantarki, da wani mai tsananin riƙo da ke ɗaure cikin zarra kada ya tarwatse, da wani rarrauna da ke sa wata ƙwayar ta rikiɗe ta zama wata.

Na ce masa Allah ne ke riƙe da duniya.

"To ni da me na ce, Yaya? Igiyoyin kawai nake nuna miki."

Abin da ke cin sa a rai shi ne yaransa suna haddace sunayen waɗannan abubuwa don jarrabawa, ba su taɓa ganin ko alamar ɗaya ba. Sai ya ɗauko aikin akwati. Ya samo akwatin gilashi irin na kiwon kifi, ya sa na yanka masa tsohon bargo ya manna a gindinsa. Bargon nan yakan jiƙa shi da sifirit, irin wanda ake goge fata da shi kafin allura amma ya fi shi ƙarfi, a kyamis yake saye. Guba ne, wanda ya kurɓa sai asibiti. Sai ya kife akwatin a kan farantin ƙarfe da ya shafa wa baƙin fenti, ya ɗora farantin a kan wata ƙanƙara da yake samowa a kamfanin askirim. Busasshiyar ƙanƙara suke ce mata. Ba ta narkewa ta zama ruwa, hayaƙi take zama ta bi iska, kuma ba ta jiran kowa. Ni na ɗinka masa baƙin labule, domin abin ba ya ganuwa sai an tare haske an haska tocila ta gefe.

Ranar da ya fara kama masa, da hantsi ne, ya ƙwala mini kira kamar gobara ta tashi. Na durƙusa na leƙa. A ƙasan akwatin wani ɗan hazo na sauka kamar yayyafi. Can sai ga farin zare ya gifta, siriri, miƙaƙƙe, ya tsaya kamar ƙiftawar ido ya watse. Sai wani gajere mai kauri. Sai wani mai lanƙwasa kamar zaren da ya kuɓuce daga bobin. Ya ce ba ƙwayar ce nake gani ba, sawunta ne, kamar layin da jirgin sama ke bari a bayansa. Dogayen miƙaƙƙun nan muwon ne sunansu, daga can saman iska suke faɗowa, sun ratsa kwano sun ratsa silin, suna ratsa ni da shi a wannan lokacin. Na yi tasbihi. Ban san hawaye na zuba ba sai da gilashin ya dushe mini.

Ya fara kai akwatin aji. Saboda hazon da ke cikinsa, yara suka sa masa suna Malam Gajimare, yana amsawa.

Sifirit yana da wari, kuma yana kama hannu da bakin riga. Auta yakan sauya riga ya wanke hannu kafin salla, amma warin ba ya fita duka. A sahun azahar na masallacin makaranta wani malami ya shinshina. Bai juyo ya ce ɗan'uwa, mene ne wannan ba. Sai ya kai wa na kusa da shi, na kusa ya kai gida, matar gida ta kai wa maƙwabciya. Kafin maganar ta zagayo gare mu ta yi ƙiba: wai yana rufe tagogi da baƙin labule ya sha a gaban yara, wai har yana sam musu. Wata mai kawo mini ɗinki ce ta faɗa mini, tana wani sunkuyar da kai kamar ta zo ta'aziyya, idonta kuwa na yawo a tsakar gida ko za ta hango kwalba. Na naɗe mata atamfarta ban ɗinka ba.

Aka kira taron iyayen yara a kansa. Shugabansu wani ɗan kwangila ne, shi ya gina wa makarantar katanga, saboda haka ko hedimasta ba ya tari sai ya dubi fuskarsa. Auta bai damu ba ko kaɗan, wannan ma ya ƙara ba ni haushi.

"Yaya, abu mai sauƙi. In kunna musu su gani da idonsu, magana ta ƙare."

An ce taro da safe ne. Ya yi sammako ya sayo ƙanƙarar, ya naɗe ta a jarida ya sa ta a cikin kula mai riƙe sanyi. Na bi shi ɗauke da labule. A bakin ƙofa mai gadi ya tare mu, ya ce an ba shi umarni kayan maye ba za su shiga makaranta ba sai shugaba ya zo. Aka ajiye kular da kwalbar sifirit a jikin katanga, inda ko inuwar tsinke babu. Auta ya roƙa a bar shi ya matsar da ita ƙarƙashin bishiya a ciki, aka hana. Shugaba bai zo ba. Aka ce yana wajen aiki. Aka yi azahar, aka ce yana hanya. Ina zaune a kan benci ina kallon kular nan, na yafa mata labulen, na ƙara da mayafina na sama. Auta ya je ya ɗaga murfin, ya rufe, ya dawo ya zauna.

Sai bayan la'asar motar shugaban ta shigo. Aka buɗe taro da addu'a, aka gode wa shugaba a kan katanga, aka gode masa a kan fentin katanga. Sannan aka ce Malam ya yi abin da ya ce zai yi.

Abin da ya rage a jaridar bai cika tafin hannu ba, ɗan ɓarɓashi. Ya baza shi a ƙarƙashin farantin, ya jiƙa bargon, warin ya cika ɗakin. Mata suka toshe hanci da mayafi, wani ya ce a'uzubillahi da ƙarfi don a ji shi. Auta ya ce a taimaka a rufe tagogi.

"A'a, Malam," in ji ɗan kwangilar. "Abin gaskiya me ya haɗa shi da duhu? Yi a sarari."

"Ranka ya daɗe, hasken ne ke ɓoye shi."

"To, yau kuma haske ne ke ɓoye abu! Ku ji mini ilimi."

Aka yi dariya. Na tashi daga layin mata na je na riƙe labulen da hannuna biyu a bayan akwatin. Auta ya durƙusa da tocila. Farantin bai yi sanyi ba, hazo bai sauko ba. Yana durƙushe a kan siminti, yana cewa a ɗan ƙara jira. Babu abin da ya gifta.

"Me za mu gani ne wai?" shugaban ya tambaya. "Aljanu?"

Ni ba mai magana a taron maza ba ce, amma na yi. Na ce, "Na gani da idona, kuma ba na rantsuwa a kan ƙarya. Ku kuka shanya masa ƙanƙarar a rana tun safe. Yaranku ma sun gani, ku kira su ku tambaya."

"Baba, zauna," shugaban ya ce mini. "Ai ba a tambayar yaro a kan malaminsa. Ke kuma 'yar'uwarsa ce."

Auta ya ce a ba shi gobe da safe. Aka ce mutane suna da ayyukansu. Hedimasta, wanda ya taɓa leƙa akwatin nan da kansa har ya ce a ɗauke shi hoto a gefensa, ya zauna yana juya murfin biro kamar ranar ya fara ganin murfin biro.

Sai shugaban ya sassauta murya, ya ce su ba mugaye ba ne, kowa yana kuskure. Malam ya tashi a gaban iyaye ya ce ya tuba ya daina sha, a fasa akwatin, gobe ya koma ajinsa.

Matar Auta ma ta zo, tana kusa da ni. Ta raɗa masa, "Baban yara, ka faɗa kawai. Allah ya san ba ka sha. Kalma ce."

Ban ga laifinta ba, ita ke kallon tukunya. Auta ya miƙe a hankali, ya kakkaɓe gwiwa. Ya dubi ɗakin, a ciki akwai waɗanda ya koya wa riƙe ma'auni suna da majina a hanci, yanzu sun yi tumbi suna kallon ƙasa.

"Ina da zunubai da yawa da nake tuba a kansu kullum," ya ce. "Wannan ba ya ciki. In na ce na sha, na yi ƙarya a gaban Allah don in ci abinci."

Ya ɗauki akwatinsa ya rungume, na naɗe labulena, muka fito. Kekensa ma turo shi muka yi.

Ya nemi wasu makarantun, amma labarin yana riga shi isa. Yanzu yana tsaron shagon kayan gini na wan matarsa, yana auna ƙusa yana yanka waya. Ba ya ƙorafi. In na tayar da zancen sai ya ce, "Yaya, bar su." Shi ya bar su. Ni ina roƙon Allah ya sanyaya mini zuciya, har yanzu bai nufa ba.

Kwanan baya matar ɗan kwangilar ta same ni a layin asibiti. Ta yi mini sallama da fara'arta, ta ce ina gajiya, ya Malam, ai komai ya wuce, ɗanta ma yana yawan tambayarsa, wai tun da ya tafi ba a sake koya musu abin kirki ba. Amsa sallama wajibi ne, na amsa mata cikakkiya. Sauran gaisuwar ba wajibi ba ce. Na gyara zamana na fuskanci ƙofar likita, ta tsaya nan da bakinta a buɗe har aka kira ni.