Huhun Goron Kaka da Barkonona

A Salaga na tashi, a gidan da kakanninmu suka yi fataucin goro. Da an idar da magariba, Kaka Adisa, mahaifiyar babana, za ta tura doya cikin garwashi, ta jawo kwandon goronta tana sauya masa ganye, mu kuma mu kewaye ta. Hannunta na aiki, bakinta na tatsuniya.

"Ga ta nan, ku matso, kada ta huce," in ji ta.

Wadda ta fi zama mini a rai ita ce ta wani falke da zai tafi Yendi, ya bar wa 'ya'yansa mata biyu huhun goro ɗai-ɗai. Babbar, saboda tsananin son uban, kullum sai ta yayyafa wa nata ruwa, ta ƙara ganye, ta ɗaure tamau, ko leƙawa ba ta yi. Ƙaramar kuwa duk kwana uku sai ta kwance, ta goge gumin, ta tsince mai tabo, ta bar shi ya sha iska. Da uban ya dawo, na babbar ya yi funfuna fari fat.

"Kaka, ai babbar ta fi ƙoƙari!" na ce.

Ta dungure mini kai. "Ke mai bakin aku, ƙoƙarin ne ya kashe shi. Ta shayar da shi, ta hana shi numfashi. Ƙurunƙus, miƙo mini doyar."

Yau ina Bawku, na yi jikoki. Bara 'yata ta kawo mini wata rumfar leda mai zif da fitila a ciki, wai in riƙa renon iri a ɗakin da babu kowa. Na shuka barkonon Kaka, irin da nake shukawa ina adanawa tun rasuwarta. Na ja zif, ina ba shi ruwa safe da yamma. Leda ta yi ta gumi tana ɗiga, ni kuwa ina murna. Kwana goma, tsiron duk ya ruɓe daga wuya, ya kwanta.

Maigidana Alhaji ya leƙo ya ce, "Hajiya, gona ce wannan ko banɗaki?"

Abin da ya rage na irin bai cika cokali ba. In shi ma ya lalace, barkonon Kaka ya ƙare ke nan. Ina tsaye ina kallon ɗigon nan sai na gane ni ce babbar 'yar falke.

Na sauya ƙasa, na sake shukawa. Yanzu da safe ina buɗe zif, in goge ledar da tsumma, in kunna ƙaramar fanka. Ruwa kuwa, sai na tsoma yatsa na ji ƙasa ta bushe. Wallahi hannuna ƙaiƙayi yake in na ga buta, amma ina daurewa.

Jiya na ƙirga, goma sha ɗaya sun tsaya da ƙafarsu. Alhaji ya sake leƙowa, zai ja mini zif ya rufe.

Na ce, "Bar shi, Alhaji. Numfashi yake yi."