Bakin da Hoto Bai Kama Ba

Jiya ina kwashe kayan adaka saboda gara, sai hoton Baba ya faɗo. Ga rawani, ga furfurar gemu, amma wurin baki dishi-dishi ne kawai.

Baba mai waƙen wa'azi ne a Bungudu, leɓensa ba ya hutawa. Ni ma ina ɗan taɓa baiti. Shekarar da layin dogo ya iso Gusau, na kai shi wurin wani mai akwatin hoto. Mutumin ya lulluɓa baƙin ƙyalle, ya ce kada a motsa. Baba ya ci gaba da rera baitinsa na kabari, bakinsa na ƙamshin goro.

Da hoton ya fito, na ba shi haƙuri. Ya daɗe yana kallo, sannan ya ce da ni a gaban matata, "Akwatin nan ya fi ka kunya. Ya san ba zai iya ɗaukar waƙata ba, sai ya bar wurin bakin haka nan. Kai kuwa shekara ashirin kana kwaikwayona."

Tun ranar ban sake haɗa baiti ba. Allah ya gafarta masa, ni kuma ya ba ni ikon yafewa, don har yau na kasa.