Kwaɗo a Ƙofar Masana'antar Ƙanƙara

Kawuna, ƙanin mahaifiyata, mutum ne da ba ya iya zama wuri ɗaya. Tun yana direban tanka abokan aikinsa suka laƙaba masa Guguwa, don ko shayi a tsaye yake sha. Da gwiwa ta fara damunsa sai ya bar tuƙi, ya sayar da motarsa, ya sayi hannun jari a wata masana'antar ƙanƙara da ke bayan kasuwa. Akwai ƙananan masu jari irinsa, cikinsu har da wata malamar makaranta mai ritaya da wani mai sayar da kifi.

Da farko abu ya yi albarka. Sai manyan masu jarin, wa da ƙani, suka saɓa a kan wanda zai riƙe shugabanci, suka maka juna a kotu. Wan ya yi nasara, ƙanin ya ɗaukaka ƙara, aka garƙame masana'antar da kwaɗo har sai kotun sama ta yanke hukunci.

Kullum da safe Kawu yakan je ya leƙa ta ramin ƙofa. Ciyawa ta cinye harabar, tsatsa ta fara hawa bututu. Ya dawo gida ya yi ta safa da marwa daga ƙofar ɗaki zuwa bakin famfo.

"Maigida, za ka cinye mana siminti da ƙafa," in ji matarsa. "Zauna mana."

"In zauna in yi gadin kaji?"

Ya bi ƙananan masu jarin gida-gida har suka yarda a ɗauki lauya. Lauyan bai ɓoye masa ba. "Baba, wannan magana tana sama. Da wuya kotun ƙasa ta taɓa ta."

"Mu ina ruwanmu da faɗansu? Ƙararmu daban, mutanenmu daban. Kai dai shigar."

Ranar zama kotun ta cika, fanka tana ta kaɗa iska mai zafi. Alƙaliyar ta saurari lauyan har ya dasa aya, sannan ta cire tabarau.

"Kuna so a buɗe masana'antar a damƙa wa wanda zai gudanar da ita, ko ba haka ba? To, wannan ita ce maganar da ke gaban kotun ɗaukaka ƙara. In na ce a ba wane, gobe su ce a ba wancan, umarnin wa za a bi?"

Kawu ya miƙe zumbur, lauya yana jan rigarsa. "Ranki ya daɗe, tsatsa ba ta san kotun sama ba! Kafin su gama, injin ya zama na 'yan gwangwan!"

Aka tuntsire da dariya. Ita ba ta yi ba.

"Na ji ka, Baba, amma ba ni da hurumi. Ku je can ku nemi a shigar da ku cikin ƙarar, tunda abin ya shafe ku." Ta kori ƙarar.

A waje mai kifi ya kakkaɓe hularsa ya ce shi kam ya haƙura, kowa tasa ta fisshe shi. Malama ce ta tsaya. "Guguwa, tunda mun jiƙe, sai mu ƙarasa wankan."

Su biyun suka yi ta sintiri zuwa babban birni. Yau a ce alƙali ɗaya bai zo ba, gobe a ce ba a kai wa lauyan wan sammaci ba. Kawu ya rame, ya koma faɗa da kowa a gida, har da rediyo.

Daga ƙarshe kotun sama ta shigar da su. Ba ta yarda a ci gaba da yin ƙanƙara ba, amma ta ce a riƙa buɗe wurin a gaban ma'aikacin kotu don a kula da injuna.

Ranar farko Kawu yana tsugune yana goge bututu sai ga ƙanin nan mai ɗaukaka ƙara ya shigo. Ya daɗe yana kallon injin da mahaifinsu ya kafa. Can ya naɗe hannun riga ya ce, "Baba, miƙo min tsumman nan."

Har yanzu ba a yanke hukunci ba. An sake ɗage zaman zuwa bayan damina, Kawu kuwa tuni ya kai rigarsa guga.