Jakar Bikin da Gwaggo ta Gane

A shekarata ta biyu a Dubai, ina karatu ina ɗan taɓa aikin tafinta, aka kira ni wani ofishin 'yan sanda. Wata jami'a Balarabiya mai sanyin murya ta zuba mini shayi. Ta ce an kama wani mutum a Turai yana rarraba hotunan cin zarafin yara, ta wayarsa kuma aka bi sawun abokan harkarsa ƙasa-ƙasa, har da wani a nan Al Warsan. Duk suna hannu. Yarinya ɗaya ce har yanzu ba a san inda take ba.

Ba ta nuna mini ita ba. An yanke ta daga hoton da ta ajiye a gabana, wurin zamanta ya zama fari fat. Abin da ya rage shuɗin bango ne, da ƙusa, da 'yar jakar yadi ruwan goro a rataye, an yi mata baki da zaren zinariya.

"Mun ji Hausa a cikin bidiyon da aka ciro hoton," in ji ta. "Kin san irin wannan jakar?"

Irin wadda ake raba wa mata a biki ce. Na nemi izini in nuna wa gwaggona, wadda ta shekara da shekaru a kasuwar Naif tana yi wa matan ƙasarmu odar kayan rabon biki.

Na same ta a shago tana cin dabino, ta miƙe ƙafa a kan kwali.

"'Yar boko, yau ma waƙa aka zo karanta mini?"

Na miƙa mata wayata da hoton jakar a kai. Ta nisanta ta da ido, ta matso da ita, sai ta daina tauna.

"Aikina ne. Biki ɗaya na yi wa wannan kalar. Uwar amarya ta sa na yi alkawari ba za a gan ta a hannun kowa ba."

Da na gaya mata dalili, ta turo mini wayar. "Khalas, shi ke nan, ɗauki abarki. Ni zan kai wa mutane 'yan sanda gida? Matar nan ɗaki ɗaya muka zauna a Makka. Ba a san mu da tonon asiri ba."

Ban iya musu da manya ba. Na zauna ina kallon masu tura kaya suna wucewa a lungun, ina tunanin wannan farin wurin. Can ta ce, ba ta dube ni ba, "Shekararta nawa?"

"Sun ce ba ta isa fara azumi ba, Gwaggo."

Ta ajiye dabinon. Sannan ta jawo mayafinta. "Yalla, mu je, ja mini ƙofar."

A gaban jami'ar ta faɗi garin a can ƙasarmu, da unguwar, da gidan bikin. Uwar amarya, da aka je mata, ta tuna gidajen da rabo ya shiga ɗaya bayan ɗaya, don mata ba sa manta wanda suka ba da wanda suka hana.

Bayan watanni jami'ar ta kira ni. An sami yarinyar, tana wurin kakarta. Wanda ya ɗauki hotunan yana gaban alƙali a can gida, na Al Warsan kuma an yanke masa hukunci a nan.

Uwar amarya ba ta sake kiran Gwaggo ba, ko a sallah. Da na kai wa Gwaggo labari ta ce alhamdulillahi a hankali, ta tambaye ni ko yarinyar tana cin abinci. Na ce ban sani ba.

"To ki koma ki tambaya," ta ce.