Ranar da Mma Ta Leƙa Cikin Idona

Ko da zan tsufa har in manta hanyar lungunmu na unguwar Nima, ba zan manta ranar da Mma ta leƙa cikin idona a asibiti ba. Mma yayar mahaifiyata ce. Ita ta ɗauke ni tun ina rarrafe bayan rasuwar iyayena, kuma da kokon da take damawa da ƙosan da take soyawa a bakin titi ta raine ni. Ba ta da ɗa sai ni, ni ma ba ni da kowa sai ita. Amma an yi lokacin da muka shafe watanni a gida ɗaya ba ta yi mini magana, kuma idona ne ya ja.

Tun ina sakandare idona ke ƙaiƙayi, ni kuma in sa bayan hannu in murje shi son raina. Sannu a hankali abin da ke nesa ya fara rikice mini. Fitilar mota ɗaya sai in gan ta tari guda, kowace da jelarta. Fuskar mutum kuwa, da zarar ya wuce tsawon ɗaki, sai ta dame. An yanka mini tabarau, ba a jima ba ya daina aiki, aka sake wani, shi ma haka. Abin haushin, in ka kalli idona garau yake, ba ja, ba hakiya, ba kwantsa. Ga shi na koyi gyaran waya a Circle, babban shataletalen nan na tsakiyar birni, inda nake kai waya har bakin hancina in kwance kusoshin da ba su kai ƙwayar gero ba. To wa zai yarda cewa mai ganin wannan ba ya ganin mutum?

A Zongo, wato unguwannin Hausawa da sauran baƙi irin tamu, ba a wasa da gaisuwa. Ƙarami ne ke fara gaida babba, kuma tun daga nesa zai rage tafiya, ya ambaci babban da sunan girmansa, ya ɗan rusuna. Babba ba ya farawa, nasa jira ne. Da farko na yi dabarar gaida duk abin da na hango a zaune, har wata safiya na durƙusa wa buhun gawayi da aka lulluɓe da farar leda a ƙofar masallaci. Samarin unguwa suka yi ta dariya kamar cikinsu zai fashe. Ni kuma mutum ne mai zuciya, daga ranar na daina, na koma tafiya kai a ƙasa. Ba a daɗe ba aka sa mini suna Boga, wato wanda ya dawo daga Turai yana ganin kowa ƙazami. Na ji wani dattijo da kunnena yana cewa, "Yaron Mma ke nan, tun da ya sa gilashi ya zama babban mutum paa."

Duk wannan na iya haɗiye shi. Wanda ya fi ƙarfina shi ne na Circle.

Wata ranar Asabar da rana na fito daga shago tare da abokan aiki za mu ci abinci, ina sanye da sabuwar riga. Wanda ya san Circle ya san hayaniyarta, ga 'yan kamasho na kiran fasinja, ga masu talla, ga kiɗa daga kowace rumfa. Ashe Mma ta sauka daga trotro, motar hayar garinmu, ta fito sayayya daga layin kasuwar Zongo Lane da buhun wake a ka, da zanen da take suya da shi. Ta hango ni a tsallaken titi ta tsaya, ta ɗaga hannu. An ce na juyo na kalle ta ido cikin ido, sannan na kau da kai na ci gaba da dariya da abokaina. Ni dai abin da na gani mutane ne kawai, launi-launi suna motsi. Ba ta kira ni ba, don uwa ba ta kiran ɗanta ya zo ya gaishe ta.

Da yamma na shigo na ce, "Mma, sannu da gida." Tana tsince wake, ko ɗagowa ba ta yi ba.

"Yanzu ka gane ni? A Circle ai warin hayaƙi nake yi."

Da na fahimci abin da ya faru na rantse har da Alkur'ani ban gan ta ba. Ta ce, "Kar ka ƙara mini da rantsuwa. Wa ka raina? Wane ido? Wanda nake gani kullum." Ta kwashe tirenta ta shige ɗaki.

Daga nan magana ta ɗauke. Ba ta kore ni ba, ba ta hana ni abinci ba. Kullum zan tarar da kwanona a rufe a bakin ƙofa, wani lokacin har da naman da na san nata ne. Wannan ya fi zagi ciwo. Gidanmu na haya ne, mutane cike da tsakar gida, ana hira da Hausa da yaren Twi da na Ga, ni kuma ina ɗaki ina ci ni kaɗai. A masallaci in an idar da salla sai in yi wuf in fice kafin a fara gaishe-gaishe. Ban taɓa sanin mutum zai iya jin kaɗaici a Nima ba, inda ko tari ka yi maƙwabci zai ce maka sannu, sai a watannin nan. Wallahi na yi kuka ba sau ɗaya ba.

Mai shagon tabarau ne ya gaji da ni, ya ce gilashi ya gama nasa, in tafi asibitin ido. A can aka ce in dawo da ɗan rakiya, don za a ɗiga mini maganin da zai sa gani ya dushe. Na rasa wanda zan kira. Na tsaya a bakin labulenta na faɗa wa labulen, don shi ne kawai ke saurarona. Amma da gari ya waye ban ji ƙamshin ƙosai ba. Na fito na same ta a tsaye da mayafinta na zuwa biki, tana kallon wani wajen. A trotro ma ta bar mutum ɗaya tsakaninmu.

Likitar mace ce, ta ce ta tashi a Maamobi, unguwar da ke kusa da tamu, tana jin Hausarmu ta Zongo wadda mace da namiji duk "ka" ake ce musu. Ta sa na ɗora haɓa a kan wata na'ura, ta haska mini siririn haske. Ta daɗe tana dubawa, sannan ta juya wani allo da ke nuna abin da take gani.

"Mma, matso ka duba."

Mma ta matso ba da son ranta ba. Likita ta nuna mata fatar nan mai kama da gilashi da ke rufe da baƙin ido. Ta ce ta kowa a kife take kamar ƙwarya, amma tawa ta yi siriri ta tsiro gaba, ta yi tsini, shi ya sa haske ke watsewa kafin ya shiga. Sunan ciwon keratokonus. Sai ta ƙara girman hoton, ta ce, "Ka ga waɗannan zare-zaren a tsaye? Kamar ledar koko ne in an ja bakinta za a ƙulle, ai tana yin layi-layi. Fatar idonsa ce ke jan kanta haka. Ido tsirara ba ya ganinsu."

Ni ban ga komai ba, haɓata na kan na'ura. Muryar Mma kawai na ji, a hankali. "Ba datti ba ne, Dokta?"

"Duba." Likita ta ɗora yatsa a kan fatar idona ta ɗan danna. "Sun tafi?"

"Sun tafi."

Ta ɗage yatsan. "Yanzu fa?"

"Sun dawo." Sai ta ce, "Ƙara yi."

Likita ta ƙara. Ta kuma ce duk in ta ga irin waɗannan layukan, ta san ciwon ya daɗe yana cin mutum. Ta tambaye ni ko ina murza ido, na ce sosai, ta ce daga yau na daina. Sannan Mma ta yi tambayar da ta hana ta soya ƙosai a ranar.

"Dokta, in mutum ya tsaya a tsallaken titi, zai gane shi?"

"Tsallaken titi? Mma, ko bakin ƙofar can ka tsaya, mayafinka kawai zai gani."

Gani ya kori ji. Da muka fito, maganin ya sa rana na sukar idona, na tsaya ina laluben matakala. Sai na ji ta kama wuyan hannuna kamar yadda take yi ina yaro in za mu tsallaka titi. Har muka iso gida ba ta sake ni ba.

Ba ta ba ni haƙuri ba, kuma ban sa rai ba, babba ba ya yi. Abin da ta yi ya fi haka. Washegari da yamma ina dawowa daga aiki, tun daga bakin lungu na ji murya ta tashi a gaban dattawan masallaci da masu sayen koko da kowa: "Kai! Ni ne, Mmanka! Ina nan hannun dama. Sannu da zuwa!" Tsohuwa ta fara gaida yaro. Wani dattijo ya yi gyaran murya, ta juya ta ce, "Alhaji, yaro ba ya gani. In kana son gaisuwa ka yi magana ya ji ka."

Daga baya aka yi mini aikin da ya tsayar da ciwon, aka ba ni wani ɗan gilashi mai tauri da ake liƙawa a kan ido. Ranar da na fara sa shi na hango ta tun daga nesa tana juya ƙosai, na ga furfurar da ban san ta fito ba. Na buɗe baki zan riga ta, amma ina! Ta riga ni. Na ce, "Mma, yanzu ai ina gani." Ta ce, "Na sani. Baki ya saba." Haka ta ci gaba har Allah Ya karɓi abinsa.

Yau ina gani daidai gwargwado, amma duk lokacin da na shigo lungun nan sai na rage tafiya ina sauraro, ko da na san ba wanda zai kira. Abin da na koya shi ne, ba kowane ciwo ke fitowa a fuska ba, kuma ba duk wanda ya wuce ka shiru ne ya raina ka ba. Shi ya sa yanzu, da furfurata da komai, in yaro ya wuce ni kai a ƙasa bai gaishe ni ba, ba na jira. Ni nake fara kiransa, in gaya masa ko ni wane ne.